Abdulaziz Abdulaziz

Abdulaziz Abdulaziz ɗan jarida ne ɗan asalin Kano da ke aiki a Abuja, wanda ya yi fice wajen binciken ƙwaƙwaf. A 2018, yana Premium Times, ya bankaɗo badaƙalar takardar NYSC ta Ministar Kuɗi Kemi Adeosun, wadda ta ajiye muƙaminta a watan Satumba. Aikin ya ba shi lambar yabo ta Wole Soyinka.

Bayan ya koma Daily Trust, ya shiga dazukan Zamfara har maɓoyar jagoran 'yan bindiga Bello Turji. Daga nan aka samu shirin "Nigeria's Banditry: The Inside Story", wanda Trust TV ta nuna a watan Maris 2022. Salonsa shi ne zuwa wurin da ƙafarsa, ya zauna gaba da gaba da mai bindiga, ya yi masa tambaya da Hausa, sannan ya ji ta bakin waɗanda aka raba da gidajensu. Wannan jarumta ce ta gaske, ko da yake wasu sun ce an ba 'yan bindiga bakin magana. A watan Agusta na wannan shekarar, hukumar NBC mai kula da gidajen rediyo da talabijin ta ci Trust TV tarar naira miliyan 5 saboda shirin.

A 2023 Shugaba Bola Tinubu ya naɗa shi babban mataimaki na musamman kan jaridu.