Baboquivari: Dutsen da Aka Raba wa Masu Shi

A kudancin jihar Arizona ta Amurka, cikin hamadar Sonora, akwai wani tsauni mai tsayin mita 2,356 da ake kira Baboquivari. 'Yan ƙabilar Tohono O'odham, wato "mutanen hamada", suna ce masa Waw Giwulk, ma'ana dutse mai tsukakken ƙugu. A imaninsu nan ne cibiyar duniya, kuma a wani kogo da ke jikinsa ne I'itoi yake zaune, wanda suke kira Babban Wa. Har gobe mai ziyartar kogon yakan bar 'yar kyauta kafin ya juya.

Abin da ya fi jan hankalina a tarihin wannan dutse shi ne yadda alƙalamin baƙo ya yi ta yanka ƙasar da ke kewaye da shi. A 1853 aka ƙulla yarjejeniyar Gadsden, Amurka ta sayi yankin daga hannun Meziko a kan dala miliyan 10. Ba wanda ya nemi jin ta bakin O'odham. Sabuwar iyaka ta ratsa tsakiyar ƙasarsu, dangi suka wayi gari wasu a Amurka, wasu a Meziko.

Yanka na biyu ya zo ne a 1916 zuwa 1917, lokacin da gwamnati ta keɓe musu yankin zama. Aka bi ta ƙololuwar dutsen aka ja layi: ɓangaren yamma nasu, na gabas ba nasu ba. A 1990 majalisar dokokin Amurka ta mayar da ɓangaren gabas dajin da doka ta kare, a ƙarƙashin hukumar kula da filayen tarayya. Ta nan masu hawan duwatsu da igiya ke bi su kai wurin da wasu ke tunkara da ladabi.

O'odham dai ba su haƙura ba. A 1986 suka yar da sunan "Papago" da Sifaniyawa suka laƙa musu, suka dawo da nasu, kuma sun daɗe suna neman a mayar musu da dutsen gaba ɗaya.

Mu 'yan jarida mun saba da kiran irin wannan "rikicin fili". Ni kam ina ganin kalmar ta gaza. Fili ana auna shi a raba, kowa ya kama gabansa. Wurin da al'umma ke cewa gidan Babban Wansu ne kuwa, ta yaya za a ce su riƙe rabi?