Abubakar Rimi da Soke Haraji da Jangali a Kano

Duk dattijon da ya tashi a karkarar Kano kafin 1979 ya san yadda gari ke tsukewa idan lokacin haraji ya zo. Da amfanin gona ya shigo gida, sai mai unguwa ya fara bi gida-gida da sunayen magidanta da samarin da suka isa biya. Shi ya kai wa dagaci, dagaci ya kai wa hakimi, hakimi ya miƙa baitulmalin En'e. Wanda ba shi da kuɗi a hannu sai ya ja akuyarsa kasuwa, ko ya buɗe rumbu ya sayar da hatsin da iyalinsa za su ci da bazara, a farashin kaka. Wanda ya rasa ko wannan, ya sha zaman rana a ƙofar fada, ko ya sulale cin rani tun kafin a zo kansa. Fulani kuwa nasu jangali ne, a kan kowace saniya, shi ya sa da an ji ƙishin-ƙishin masu ƙidaya sai a kora wani sashen garke cikin daji.

Tun kafuwar jam'iyyar NEPU a 1950, Malam Aminu Kano da almajiransa suka sa wannan zalunci a gaba. An ɗaure su, an yi musu bulala, wasu suka bar garuruwansu, amma mulki bai taɓa zuwa hannunsu ba a Jamhuriya ta Farko.

Cikin samarin da suka taso a wannan gwagwarmaya akwai Muhammadu Abubakar Rimi, wanda aka haifa a 1940 a ƙauyen Rimi na ƙasar Sumaila. Ba labarin haraji ya ji ba, a gabansa aka riƙa karɓa. Ya yi aikin gwamnati, ya je Ingila ya yi digiri na biyu a Jami'ar Sussex, ya zauna a Majalisar Tsara Kundin Mulki ta 1977 zuwa 1978. Da aka buɗe fagen siyasa, ya shiga jam'iyyar PRP ta Malam Aminu, ya ci zaɓen gwamna, aka rantsar da shi ranar 1 ga Oktoba 1979 yana ɗan shekara 39. Jihar Kano ta lokacin ta haɗa har da Jigawa ta yau.

Bai ɓata lokaci ba ya soke haraji da jangali, kamar yadda takwaransa Balarabe Musa ya yi a Kaduna. Masu lissafin kuɗin shiga sun yi ta gunaguni. Amma ga talakan ƙauye, abin ya wuce kuɗi: sandar da aka daɗe ana kora shi da ita ce aka karɓe daga hannun masu sarauta. Daga nan ayyuka suka biyo baya. Ya kafa Hukumar Yaƙi da Jahilci a 1980, manya suka koma aji suna koyon karatu da rubutu. Ya kafa jaridar Triumph da gidan talabijin na CTV, ya ja wutar lantarki zuwa ƙauyuka, ya mai da 1 ga Mayu ranar hutun ma'aikata tun gwamnatin tarayya ba ta yi ba. Magoya bayansa suka yi masa laƙabi da Limamin Canji.

Sai dai zafin da ya ba shi ƙarfin yin waɗannan shi ne ya jawo masa tarnaƙi. PRP ta dare biyu, 'yan santsi tare da Rimi, 'yan taɓo tare da Malam. A Yulin 1981 gwamnatinsa ta aika wa Sarkin Kano Alhaji Ado Bayero takardar tuhuma. Ranar 10 ga watan gari ya kama da wuta, aka ƙona gine-ginen gwamnati, aka kashe mai ba Rimi shawara kan siyasa, Dokta Bala Muhammad. Har yau zuciya na sosuwa idan aka tuna wannan asara. A 1983 Rimi ya sauka daga kujera ya koma NPP, mataimakinsa Abdu Dawakin Tofa ya ƙarasa wa'adin, Sabo Bakin Zuwo kuma ya kayar da Rimi a zaɓe.

Sojoji sun ɗaure shi bayan juyin mulkin ƙarshen 1983. Daga baya ya yi ministan sadarwa a zamanin Abacha, sannan ya shiga sahun 'yan siyasar da suka ƙi amincewa da tazarcen Abachan, yana cikin waɗanda suka kafa PDP a 1998.

Ranar 4 ga Afrilu 2010, bayan 'yan fashi sun tare motarsa a hanyar dawowa daga Bauchi, Allah ya yi masa rasuwa a Asibitin Koyarwa na Malam Aminu Kano. Gwamnatin Kano ta sa wa tashar CTV sunansa, ta koma ARTV, kuma babbar kasuwar Sabon Gari ma sunansa take amsawa.