Bassey Andah: Daga Tonon Kufai zuwa Shugabancin Jami'a

An haifi Bassey Wai Andah a Nijeriya a 1942. Tonon kufai da ya yi a Rim, cikin Haute-Volta, wato Burkina Faso ta yau, ya kai shi ga digirin dakta a Berkeley ta Amurka a 1973. Ya koyar a Jami'ar Ibadan har ya zama mataimakin shugabanta, kuma a 1994 masana tonon kayan tarihi na duniya suka zaɓe shi shugaban ƙungiyarsu. A ganinsa, tsingaron da aka tono ba ya bayyana tarihin Afirka sai an haɗa shi da sanin manoma, maƙera da masu ginin tukwane na yau. Ya rasu a 1997.