Dandalin fim da maginan Tanimu suka gina

A Jamus, tsara wurin ɗaukar fim sana'a ce mai zaman kanta, kuma ta daɗe. A fim ɗin Caligari na 1920, Hermann Warm da Walter Reimann da Walter Röhrig sun zana gari sukutum a jikin ƙyalle, har inuwar gidaje da fenti suka shafa ta. A Babelsberg, kusa da Berlin, kafintoci kan tada unguwa guda, da an gama ɗauka su rushe ta.

A Zinder kuwa, Sarkin Damagaram Tanimu ɗan Sulaiman, wanda ya rasu a 1884, ya riga ya sallami magina tun ba a ƙirƙiro silima ba. Shi ya kewaye Birni da ganuwa, ya sa maƙera suka zuba masa igwa. Fadar da aka gina a tsakiyar wancan ƙarni tana nan, sarki na zama a cikinta. Lungunan Birni kuma cike suke da soraye masu zanko da zane a goshin zaure, irin aikin da mai tsara dandali a Turai zai yi watanni yana kwaikwayo da katako, ƙarshe ya fito kamar kwali.

Wanda ya fi kowa ɗora tarihin garin a dandali shi ne André Salifou, masanin tarihi haifaffen Zinder a 1942, marubucin wasan Tanimoune. Daga wani wasan nasa Mahamane Bakabé ya shirya fim ɗin Si les cavaliers, wanda ya fito a 1982. Labarin 1906 ne, shekarar da Faransawa suka zargi Sarki Amadu ɗan Bassa da ƙulla musu tawaye, suka tuɓe shi, suka kai shi Kwaddibuwa, suka ɗora Ballama, bawan fada, a kan jama'a. Sai a 1923 sarauta ta koma gidanta, hannun Barma Mustafa.

Duk mai son ɗaukar irin wannan labari a Damagaram, kayan fada ba za su ba shi wuya ba. Lifidi da jalala, kakaki da algaita, rigar dogarai ja da kore, duk suna fita a hawan salla, kuma sun sha rana da ƙura, abin da ba a samu a kayan da tela ya ɗinka jiya. Wahalar tana wajen ɓoyewa. Wayar lantarki ta ratsa sararin kowane lungu, kwano ya hau kan rufin azara, siminti ya rufe yaɓen ƙasa, ganuwar Tanimu kuma saura guntaye nan da can. Ko kakin hafsan Nasara da jar hular sojansa, dole a nemo su daga wani wuri, don ba wanda ya adana su a matsayin gado. A ganina nan ake gane gwani: ya san kusurwar da zai tsai da doki har sandar lantarki ta ɓace bayan rawani.

Aïcha Macky, ita ma ƴar garin, ta bi wata hanya a fim ɗinta Zinder na 2021, wanda akwai hannun wani kamfanin Jamus a shirya shi. Ta bar Birni ta shiga Kara-Kara, unguwar da aka ware wa kutare a da, ba ta gyara komai ba. Samarin ne suka tsara wurinsu: ƙarafan mota na ɗaga nauyi, kwalaben fetur ɗin da ake shigowa da shi daga Najeriya, da tutar wata ƙungiya mai sunan Hitler tana kaɗawa a bayan babur.