AMSOSHIN WASIƘUNKU: Shin Samanja Mazan Fama Soja Ne Na Gaske?

A wannan mako wasiƙu uku muka haɗa wuri guda, domin duk daga gabashin Jihar Sakkwato suka fito, kuma duk a kan mutum ɗaya suke magana.

Ta farko daga wani manomin albasa ce a Wurno. Ya ce musu ya kaure tsakaninsa da abokinsa a kasuwar Achida: shi yana cewa marigayi Samanja soja ne na gaske, abokin kuwa ya rantse kayan aro ne kawai yake sawa. Ta biyu daga wani ɗan kasuwa ce a Goronyo, wanda yake tambayar asalin Samanja, wai ko Bahaushe ne, kuma me ya sa Hausarsa take a karkace. Ta uku kuwa wata baiwar Allah ce daga Gandi ta ƙaramar hukumar Rabah. Ta ce ɗanta ya shiga ƙungiyar wasan kwaikwayo, mahaifinsa ya ce ko ya bari ko ya bar masa gida, domin wannan sana'ar marasa asali ce. Ta ce mu gaya mata gaskiya, shin akwai ɗan mutunci da ya taɓa yin wannan sana'a?

To, madalla. Mun gode da waɗannan wasiƙu, kuma tarihin mutumin zai amsa dukkansu.

ASALINSA

Sunansa na yanka Usman, an fi saninsa da Alhaji Usman Baba Pategi. Malam na Goronyo, ga amsarka tun daga sunan: Pategi gari ne na Nupawa a bakin kogin Kwara, cikin Jihar Kwara ta yanzu, daura da inda kogin Kaduna yake zubawa cikin Kwara. Mutanen wurin manoman shinkafa ne da masunta, watau kusan irin rayuwarku ta fadamar Rima, sai dai su ruwansu ya fi yawa, har sun shahara da bikin tseren kwale-kwale. A zamanin Jihar Arewa, Pategi tana cikin Lardin Ilori ne. Saboda haka Samanja Banufe ne, ɗan Arewa, wanda zama ya mayar da shi mutumin Kaduna.

Kuma ba daga gidan talakawa ya fito ba. Ɗan sarki ne, mahaifinsa shi ne Etsu na Pategi, Usman Patako. Etsu kuwa shi ne sarki da harshen Nupanci. Ya fara karatun boko a garinsu, ya wuce makarantar midil ta Ilori, sa'an nan ya tafi Kaduna wurin danginsa neman aiki. Ya taɓa aiki a ma'aikatar ayyuka, daga baya ya koma aikin gidan rediyo.

A nan mutanen Rabah suna da hannu a cikin labarin. Sardaunan Sakkwato, Sa Ahmadu Bello, haifaffen Rabah ne, kuma gwamnatinsa ce ta kafa gidan rediyo da talabijin na Arewa a Kaduna cikin 1962. Wannan gida shi ne ya zama mahaɗar mawaƙa da marubuta da 'yan wasa daga kowane lardi. Daga baya gwamnatin tarayya ta karɓe shi: ɓangaren talabijin ya shiga ƙarƙashin NTA wadda aka kafa a 1977, ɓangaren rediyo kuma ya zama Gidan Rediyon Tarayya na Kaduna, wanda kowane manomi mai akwatin rediyo ya san muryarsa. Da babu wannan gida, da wuya a ce sunan Samanja ya kai Wurno.

SHIGARSA SOJA

Malam na Wurno, kai ne da gaskiya, sai abokinka ya yi haƙuri. Usman Baba Pategi ya sa kakin soja na gaske. Ya shiga soja a zamanin yaƙin basasar Nijeriya, wanda aka gwabza daga Yuli 1967 zuwa Janairu 1970, lokacin da ake ta kiran samari su fito su kare ƙasa. An ba shi horo a makarantar sojojin sadarwa da ke Apapa a Ikko, watau sojojin da ke kula da wayar iska da aika saƙo tsakanin rundunoni. Ka ga ke nan bai yi nisa da aikinsa na rediyo ba.

Amma fa a lura, sunan Samanja suna ne na wasa. Asalin kalmar muƙami ne na soja da Turanci, bakin Bahaushe ya lanƙwasa shi, kamar yadda ya lanƙwasa kofur da saje da laftana da kyaftin da manjo da kanar. Samanja yana sama da saje, yana ƙasa da hafsoshi. Shi ne mai tsawa a filin fareti, shi ne mai duba ko takalmi ya sha goge, ko maɓalli ya ɓalle, kuma shi ne tsani tsakanin manya da ƙananan sojoji. Hafsa yana ba da umurni daga ofis, amma samanja ne kurtu yake gani safe da yamma. A zaman da ya yi a bariki, Usman Baba ya zuba wa irin waɗannan mutane ido, ya haddace tafiyarsu da hararar su da yadda suke murza gashin baki. Da ya koma aikin watsa labarai, sai ya fito da abin da ya gani.

HAUSAR BARIKI

Game da Hausarsa kuwa, Malam na Goronyo, wannan ba kuskure ba ne, gwaninta ce. Tun da Turawa suka kafa rundunar sojan Afirka ta Yamma a 1897 ƙarƙashin Lugga, Hausa ce ta zama harshen da sojoji suke fahimtar juna da shi. Batibi da Bazabarme da Ba'angashe da Babarbare, kowa ya zo da harshensa, sai a haɗu a kan wata Hausa mai sauƙi wadda ba ta damu da bambanta namiji da mace ba, ga kuma kalmomin Turanci a cakuɗe. Ita ake kira Barikanci ko Hausar bariki. Dattawan da suka ga tsofaffin sojojin da suka dawo daga yaƙin Bama bayan 1945 sun san irin wannan magana.

Wannan harshe Samanja ya ɗauka ya mai da shi jari. Zai fara magana da Hausa, ya tsallaka Turancin buroka, ya komo Hausa, duk cikin numfashi guda, yana tsawa kamar yana gaban bataliya alhali kuwa matarsa yake yi wa magana a kan cefane. Abin dariyar ke nan: mutumin da ya saba da "dama, hagu" ya tarar da cewa gida da kasuwa ba sa bin oda.

ME YA SA SHIRIN YA KARƁU?

Shirin Samanja Mazan Fama ya fara fita daga Kaduna a farkon shekarun 1970, a talabijin da kuma rediyo. A shekarun 1980 aka ɗauke shi ana nuna wa ƙasa baki ɗaya ta NTA, aka ƙara yawan Turancin buroka a ciki don mutanen Kudu su ma su fahimta. Waɗanda suka bi shirin ba za su manta da sunaye irin su Bariki da Mutuwa Dole ba.

Sai an dubi zamanin kafin a gane nauyin abin da ya yi. Kafin yaƙin basasa sojojin Nijeriya ba su wuce kimanin 10,000 ba. Da aka gama yaƙi sun kai wajen 250,000. Barikokin da ake da su ba su isa ba, sojoji da yawa suka zauna haya cikin unguwanni tare da farar hula, kuma ba kullum ake kwashewa lafiya ba: rigima a tasha, rigima a kan kuɗin haya, rigima a bakin famfo. Daɗin daɗawa, mulkin ƙasar ma a hannun soja yake, daga Janar Gowon zuwa Janar Murtala zuwa Janar Obasanjo har 1979. Bayan mulkin Alhaji Shehu Shagari, soja suka sake dawowa a ƙarshen 1983. A irin wannan lokaci talaka ba ya iya kallon mai kaki ya yi dariya.

To, sai ga wani ya fito cikin kaki, yana ba talaka damar ya yi dariyar a tsakar gidansa, su ma sojojin suna dariya, domin sun san nasu ne, kuma abin da yake nunawa haka yake. Ya nuna wa farar hula cewa soja mutum ne kamar kowa, yana da iyali, albashinsa yana ƙarewa kafin wata ya mutu, yana tsoron na gaba da shi. Ya kuma nuna wa soja yadda zafin kai da cin zali suke mayar da mutum abin dariya. Wa'azin da ba a iya yi da baki buɗe, sai aka yi shi da raha. Hausawa suka ce da wasa ake faɗa wa wawa magana, amma a nan har mai hankali ya ɗauki rabonsa.

SANA'AR MARASA ASALI CE?

Yanzu mu komo gare ki, Malama ta Gandi. Wasan kwaikwayo ba baƙo ba ne a ƙasar Hausa. Tun kafin zuwan Bature akwai wasan gauta, inda matan fada suke kwaikwayon sarki da fadawansa a gabansa, ya ga halinsa kamar a madubi. Akwai 'yan kama masu kwaikwayon malamai. Akwai tashe da yara suke yi cikin watan azumi, akwai kalankuwa bayan an kawar da amfanin gona, inda samari suke naɗa shugabanni na wasa. Da boko ya zo sai aka fara rubutawa. Alhaji Abubakar Tunau, mutumin Lardin Sakkwato, ya rubuta Wasan Marafa. Malam Aminu Kano ya rubuta wasanni yana malamin makaranta. Shu'aibu Maƙarfi ya rubuta Zamanin Nan Namu da Jatau Na Kyallu. Littafin Shehu Umar na Firayim Minista Abubakar Tafawa Ɓalewa an mai da shi wasan dandali, sa'an nan Adamu Halilu ya mai da shi fim a 1976. Ko akwai marar asali cikin waɗanda muka lissafa?

A zamanin Samanja kuma akwai Yusuf Ladan mai Zaman Duniya Iyawa Ne, akwai Ƙasimu Yero mai fitowa a Karambana, wanda ya rasu a 2017, akwai Karkuzu a Jos, akwai Kuliya Manta Sabo a Kano. Waɗannan su suka share fagen da finafinan Hausa na bidiyo suka taras, lokacin da ƙungiyar Tumbin Giwa ta Kano ta fito da Turmin Danya a 1990. Masu barkwanci na baya, irin su marigayi Rabilu Musa Ibro da ya rasu a 2014, hanyar da aka riga aka fasa suka bi.

Shi kansa Usman Baba, yana cikin 'ya'yan gidan da ke da haƙƙin neman sarautar Pategi, amma ya zaɓi zamansa a Kaduna da aikinsa. Ɗan sarki ne ya yarda a yi masa dariya don jama'a su ƙaru.

Sai dai, Malama, kada mu ɓoye miki ɗaya gefen. Damuwar maigidanki ba ta banza ba ce. Ba kowane wasa ne na kirki ba, kuma ba kowace ƙungiya ce ta tarbiyya ba. Sa'an nan ki lura da abu guda: Samanja ya yi karatu, ya yi aikin albashi, ya yi soja, kafin duniya ta san shi. Abin da ya gani a rayuwa shi ya ba wasansa gishiri. Wasan ma bai cika mai da mutum attajiri ba, suna ya fi kawowa. Saboda haka shawararmu ita ce a zauna da yaron, a sa wani babba da mahaifinsa yake jin nauyinsa, kawu ko limamin unguwa, a binciki su wane ne shugabannin ƙungiyar da irin abin da suke nunawa. In na faɗakarwa ne, a bar shi ya yi da sharaɗin ba zai saki karatu ko gona ba. Korar yaro daga gida ba ta raba shi da wasa, sai dai ta raba shi da masu tsawata masa. Kai kuma yaro, in kana saurare, ka sani albarkar iyaye ta fi tafin 'yan kallo.

ƘARSHENSA

Alhaji Usman Baba Pategi ya yi fama da rashin lafiya a ƙarshen rayuwarsa. Allah ya yi masa rasuwa a Kaduna ranar 12 ga Nuwamba 2023, yana da shekara fiye da 80, ya bar 'ya'ya da jikoki. Har ya koma ga Mahaliccinsa, mutane da yawa ba su san sunansa na yanka ba, Samanja kawai suka sani. Allah ya jiƙansa, ya gafarta masa kurakuransa, amin.

Malam na Wurno, sai ka kai wa abokinka wannan shafi ranar kasuwa, amma ban da gori. Malam na Goronyo, muna fata ka gamsu. Malama ta Gandi, Allah ya daidaita tsakanin uba da ɗa, kuma muna jiran ki sake rubuto mana yadda aka ƙare. Sauran masu sauraro da wasiƙunsu ke hannunmu, a ƙara haƙuri, layi na zuwa kan kowa. Sai mako mai zuwa in Allah ya kai mu. Mu kwana lafiya.