Dutsen Guga a Cikin Kumbo

Ina ɗan shekara goma sha biyu muka zauna da kakata a Kurya Madaro muna kallon wani fim na Hausa mai labarin zamanin da. Sarki yana tsaka da bai wa mayaƙa umarni sai ta ja tsaki ta ce, "Kai jikana, wane sarkin dauri ne ke alwala da butar roba?" Tun daga nan labarin ya fita ranta. Sai da na shiga jami'a na gane cewa hana irin wannan tsaki sana'a ce mai zaman kanta. Mai yin ta shi ne mai tsara wurin ɗaukar fim, wanda ke zaɓar kowane bango da kujera da ƙwarya da idon mai kallo zai sauka a kai.

Cikin masu wannan sana'a, wanda tarihinsa ya fi jan hankalina shi ne Rolf Zehetbauer, Bajamushen da aka haifa a birnin Munich a 1929, shekarar da layin dogo ya iso Ƙauran Namoda. Ya shiga harkar bayan Yaƙin Duniya na Biyu, kuma mafi yawan aikinsa a kamfanin Bavaria Film ya yi shi.

A 1966 gidan talabijin na ARD ya nuna Raumpatrouille, shiri mai kashi bakwai a kan wani kumbo mai suna Orion. Zehetbauer da abokan aikinsa ba su da kuɗin ƙera na'urori na musamman, saboda haka suka koma ga kayan gida. Suka kafa dutsen guga a kan wani teburin na'urori, suka mai da abin fiƙe fensir da kan famfo maɓallan sarrafa kumbon. Da yake an ajiye kowanne inda ya dace, masu kallo suka yarda. Har yau Jamusawa na tuna wannan dutsen guga cikin raha da ƙauna.

Bayan haka ya gina gidan rawa irin na Berlin ta 1931 domin fim ɗin Cabaret, aikin da ya kawo masa kyautar Oscar a 1973 tare da abokan aikinsa biyu. A 1981 kuma ya tsara cikin jirgin yaƙi mai tafiya ƙarƙashin teku domin Das Boot na Wolfgang Petersen. An bar shi da ƙuncinsa irin na gaske, aka ɗora shi bisa na'ura mai jijjiga shi, har mai kallo ya ji kamar numfashinsa zai ɗauke. Ya rasu a 2022, amma har yanzu baƙi na shiga wannan jirgi a Bavaria.

Tarihinsa ya koya mini cewa butar robar da ta ɓata wa kakata rai ba laifin talauci ba ce, ƙarancin lura ne. Tun fitowar Turmin Danya a 1990 mun haddace sunayen jarumai da daraktocin Kannywood, mun bar masu tsara wuri a duhu. Ga shi kuwa ranar da za a ɗauki fim a kan Namoda da faɗuwar Alƙalawa a 1808, dole wani ya sake tayar da ganuwa, ya san fasalin sirdi da sulke da rumbu. Birnin ya zama kufai, gine-ginen ƙasa suna rushewa, rashin tsaro kuma yana korar mutane daga ƙauyukan Zurmi da Shinkafi, suna barin kayan kakanni a baya.

Shi ya sa duk lokacin da na je gida nakan ɗauki littafi da fensir. Na zana soron gidanmu da jeren ɗakin kakata, na rubuta sunan kowane kwano kamar yadda ta faɗa mini, tun tana da ƙarfin gyara mini kuskure.