Naushin da ba ya fid da jini

Tun asali dambe a ƙasar Sakkwato wasan rundawa ne. Idan kaka ta yi, hatsi ya shiga rumbu, sai samarin mahauta su bi garuruwa da makaɗan kalangu, a share fili da la'asar. Ɗan dambe ya naɗe hannu ɗaya da ƙyalle da zare har ya yi tauri, ɗayan kuma ya miƙa shi gaba yana tare abokin karawa. Turmi uku ake yi, wanda gwiwarsa ko hannunsa ya taɓa ƙasa an kashe shi ke nan. Daga baya wasan ya fita hannun rundawa kaɗai, ya koma gidajen dambe na biyan kuɗin ƙofa, aka rabu ɓangare-ɓangare: mu Sakkwatawa muna Arewa, ga Kudu, ga Guramada. Makaɗi Muhammadu Bawa Ɗan Anace ya wasa 'yan dambe Shago da Ɗandunawa har sunansu ya kai inda ƙafarsu ba ta taka ba.

'Yan kallo naushin fuska suke wa ihu. Kakana kuwa, wanda ya yi fawa har ƙarfinsa ya ƙare, ba ya tausaya wa wanda aka fasa wa leɓe kamar yadda yake tausaya wa wanda aka sama a kwiɓi ya tashi yana murmushi. Mutumin da kullum yake feɗe dabba ya san abin da ke kwance a ƙarƙashin haƙarƙari.

Hanta tana dama. Idan dunƙule ya same ta, bugun zuciya kan ragu, jini ya sauka, ƙafafu su saki mutum alhali hankalinsa na nan sarai. Yana jin kalangu, yana jin ana kiran sunansa, tashi ya gagara. Haka Bernard Hopkins ya kwantar da Oscar De La Hoya a Amurka a 2004. Naushin kahon zuci kuma numfashi yake ɗaukewa, shi Bob Fitzsimmons ya yi wa James Corbett a 1897 ya karɓe kambun duniya. A dambenmu, inda durƙuso ɗaya kisa ne, irin wannan naushi ya isa ya raba gardama.

Wanda ya fi tsorata ni shi ne na hagu, wurin saifa. Zazzaɓin cizon sauro da ke yawan kama mutanenmu yana kumbura ta, kumburarriyar saifa kuwa ba ta da wuyar fashewa. Jinin a cikin ciki yake zuba, ba mai gani. Yaro ya koma masauki, a gasa masa wurin da ruwan zafi, a shafa man shanu, in haƙarƙari ya tsage a kira maɗori. Maɗori gwani ne a kan ƙashi, amma hannunsa ba ya kaiwa ga saifa, ba ya kaiwa ga ƙodar da ta sa mutum fitsarin jini.

Ina son dambe, ba na fatan ganin ranar da za a daina shi. Abin da nake roƙon masu gidajen dambe shi ne su ajiye ma'aikacin lafiya a bakin fili. Duk wanda aka sama a ciki, ya fara jiri da zufa mai sanyi, ko ciwo ya hau masa kafaɗar hagu, a wuce da shi Asibitin Koyarwa na Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo a daren, kada a jira gari ya waye.